Likitan Da Ya Fita Neman Guba Ya Tsinci Magani

A shekarar 1948, a asibitin tsofaffin sojoji masu taɓin hankali da ke Bundoora, bayan birnin Melbon a ƙasar Ostireliya, akwai wani ɗan tsamurmurin mutum mai shekara 51 wanda ma'aikata suka gaji da shi. A rahoton likita haruffa biyu ne sunansa, W.B. Shekara biyar ke nan ciwonsa a tashe bai kwanta ba. Ba ya zama wuri ɗaya, bakinsa ba ya hutawa, abin da hannunsa ya kai gare shi sai ya ɓata shi, ga ƙazanta, ga shiga sharo ba shanu. Ba mugu ba ne, fitina ce kawai ta yi masa yawa, kuma kowa ya riga ya sallama cewa a wannan ɗaki zai ƙare kwanansa.

Ranar 29 ga Maris likitansa, John Cade, ya fara ba shi wani gishiri da ake kira litiyam. Cikin 'yan kwanaki sai aka ga ya fara natsuwa, yana kula da jikinsa. Bayan mako uku aka mayar da shi ɗakin masu murmurewa. Ranar 9 ga Yuli ya fita daga asibitin da ƙafarsa, aka ce ya riƙa shan maganin kullum, ya koma aikin da yake yi kafin ciwo ya kama shi.

Irin ciwon W.B. ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Duk wanda ya tashi a Dakusa ko Mirya ko cikin Birnin Damagaram ya san gidan da ake rage murya a ce "na wane ya motsa". Mutum lafiya lau, da sana'arsa da iyalinsa, sai barci ya ƙaurace masa amma ba ya jin gajiya. Magana ta yi yawa, bai gama wannan zance ba ya faɗa wancan. Ya kora tumaki kasuwa ya sayar ya rabar da kuɗin, ya ce zai haƙa rijiya a kowace unguwa, ya tsaya bayan sallah yana yi wa liman gyara. Wanda ya tare shi ya sha zagi, ko abin da ya fi zagi. Bayan makonni ko watanni sai abin ya lafa. Wani lokaci kuma ya juye gaba ɗaya: mutum ya shige ɗaki, ba ci ba wanka, ba ya son ganin kowa, yana jin ya fi kowa zunubi, har ya fara ganin gara mutuwa. Tsakanin wannan hali da wancan yana iya yin shekara guda garau, ko fiye. Likitoci suna kiran ciwon baifola. Wasu likitoci biyu na Faransa, Falret da Baillarger, sun bayyana yadda yake zagayawa a 1854, kuma Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa a 2019 mutum kusan miliyan 40 ne ke ɗauke da shi. Amma har zuwa zamanin Cade galibin abin da asibiti ke da shi bai wuce kulle ba, da magungunan sa barci, da girgiza ƙwaƙwalwa da lantarki.

An haifi Cade a 1912. Mahaifinsa likita ne da ya shugabanci asibitocin masu taɓin hankali, a cikin harabarsu yaron ya tashi, don haka bai taɓa ɗaukar marasa lafiyar nan dodanni ba. Ya gama karatun likita a Jami'ar Melbon a 1934. Da yaƙin Hitila ya ɓarke ya shiga soja, aka tura shi Singafo. A watan Fabrairu na 1942 garin ya faɗa hannun Japanawa, Cade ya shiga kurkukun Changi, bai fito ba sai bayan shekara uku da rabi, fata da ƙashi. A can ya ga yadda yunwa da rashin sinadaran abinci ke juya hankalin ƙato, ya fito da yaƙinin cewa hauka ciwon jiki ne, yana da sanadi da za a iya kamawa a hannu.

Ga yadda ya yi lissafinsa. Akwai wani ƙullutu a gaban wuya, wanda in ya kumbura muke cewa maƙoƙo. In ruwan da yake fitarwa ya yi yawa a jini, mutum ya kasa zama, zuciya ta riƙa gudu. In ya yi kaɗan, mutum ya yi nauyi, komai nasa ya mutu. Cade ya ce to, wataƙila baifola ma haka take: akwai wani abu da in ya yi yawa a jini ciwo ya tashi, in ya yi ƙaranci mutum ya faɗa baƙin ciki. In kuwa ya yi yawa, dole jiki ya zubar da ragowarsa ta fitsari.

Sai ya shiga tara fitsari. Ya samu wani tsohon ɗakin girki da aka daina amfani da shi a asibitin, ya mayar da shi ɗakin bincike. Ba kuɗin gwamnati, ba mataimaki. Yakan karɓi fitsarin safe na waɗanda ciwonsu ke tashe, da na masu baƙin ciki, da na masu lafiya, ya zuba a kwalabe, wasu har cikin firjin gidansa kusa da abincin iyali. Sai ya zuƙa a sirinji ya ɗura wa ɓerayen Masar a ciki, ya ga nawa ne zai kashe su. A ganinsa fitsarin masu ciwo a tashe ya fi saurin kisa. Ya bi diddigi ya gano abin da ke kashe dabbobin shi ne yuriya, sinadarin nan da manoma suka sani a buhun takin zamani, wanda jikin ɗan Adam ma yake yi ya zubar. Matsalar ita ce yuriyar masu ciwo ba ta fi ta masu lafiya yawa ba. Sai ya yi zargin akwai wani abu da ke ƙara mata dafi, zarginsa ya faɗa kan wani sinadarin fitsarin da ake kira yurik.

Yurik ba ya narkewa a ruwa yadda za a zuƙe shi a allura. Tun a 1859 wani likitan Landan, Alfred Garrod, ya rubuta cewa in aka haɗa shi da litiyam yana narkewa. Don wannan kawai Cade ya ɗauko litiyam, a matsayin abin narkarwa, ba don yana tsammanin wani alheri daga gare shi ba. Da ya yi allurar sai ya ga akasin abin da yake jira: dafin raguwa ya yi. Ya cire yurik ɗin ya ba dabbobin litiyam zalla. Bayan kamar awa biyu, ɓeran Masar da aka sani da tsoro da zabura sai ya yi laƙwas. A kwantar da shi rigingine ya tsaya a haka yana kallon mutum, idonsa biyu, bai yunƙura ba.

A nan ya kamata a faɗi gaskiya: kusan kowane mataki na wannan lissafi kuskure ne. Har yau ba a sami wata guba a fitsarin masu baifola ba. Masu bincike da suka zo daga baya kuma sun fi karkata ga cewa ɓerayen nan ba natsuwa suka yi ba, jiri da tashin zuciya ne suka kwantar da su, domin litiyam ɗin ya yi musu yawa. Abin da ba za a ƙwace wa Cade ba shi ne ido, da kuma abin da ya yi bayan haka. Kafin ya ba kowane mara lafiya, shi da kansa ya fara sha na ɗan lokaci don ya ga ko zai cuce shi. Da bai ga illa ba ya tafi wurin W.B.

Ranar 3 ga Satumba 1949 mujallar likitocin Ostireliya ta buga rahotonsa, 'yan shafuka kaɗan. Mutum 10 masu ciwo a tashe, dukkansu sun sami sauƙi. Mutum 6 masu wani nau'in taɓin hankali daban, sikizofiriniya, hayaniyarsu ta ragu amma ainihin ciwon yana nan. Mutum 3 masu baƙin ciki mai tsanani, ba canji. Wato wannan ba maganin sa barci ba ne da zai kwantar da kowa. Ciwo guda yake nufa, abin da ba a saba gani ba a asibitin taɓin hankali.

W.B. kuwa kafin rahoton ya fito har ya je ya dawo. Wata shida da sallamarsa aka maido shi kamar ba a taɓa yi masa magani ba. Cade ya ce bai taɓa jin takaici irin na wannan rana ba. Da aka bincika sai aka tarar mutumin ya ga ya warke, ya yi sakaci da ƙwayar, daga baya ya daina sha ɗungurungum. Wannan hali har gobe shi ne babban abokin gaban maganin, kuma ba wauta ba ce kawai. Wa zai so ya riƙa haɗiyar ƙwaya kullum alhali ba inda ke masa ciwo? Ga rawar hannu, ga ƙishirwa, ga yawan fitsari, wani ga ƙiba. Akwai kuma abin da dangi ba su cika ganewa ba: farkon tashin ciwon daɗi gare shi. Mutum yana jin ƙarfi, basira na zuba, kunya ta kau. Kay Redfield Jamison, farfesa a Jami'ar Johns Hopkins ta Amurka wadda ita kanta ke da ciwon, ta ba da labarin shekarun da ta yi tana kokawa da shan litiyam a littafinta na 1995, ga ta kuwa masaniyar fannin.

Aka mayar da W.B. kan magani, ya sake dawowa hayyacinsa. Daga nan abin ya zama ja-in-ja, a ƙara masa in ciwo ya taso, a rage in jikinsa ya ƙi. A watan Mayu na 1950 ya mutu. Litiyam ɗin da ya fitar da shi daga ɗakin kulle shi ne ya taru a jininsa ya kashe shi.

Dalilin yana ga ƙoda. Jiki ba ya sarrafa litiyam, yadda ya shiga haka yake fita ta fitsari, kuma ƙoda tana ɗaukarsa ne kamar ɗan'uwan gishirin miya. Duk sa'ad da jiki ya rasa ruwa ko gishiri, ƙoda takan riƙe gishiri kada ya zube, sai ta riƙe litiyam tare da shi. Tazarar da ke tsakanin abin da ke warkarwa da abin da ke kisa kuma ƙarama ce ƙwarai. Likitoci suna neman ya tsaya wajen 0.6 zuwa 1.0 a ma'auninsu na jini. In ya haura 1.5 guba ta fara: amai, zawo, rawar jiki mai ƙarfi, tangaɗi kamar mashayi, harshe ya harɗe. In ya wuce 2 rai na cikin haɗari. Cade ba shi da hanyar ganin waɗannan lambobi, da ido yake aunawa.

Lokacin ma bai taimake shi ba. A Amurka, a daidai shekarun nan, an riƙa sayar wa masu ciwon zuciya da aka hana cin gishiri wani ruwan litiyam don su ɗiga a abinci ya ba su ɗanɗano. A duba a gani: mutanen da aka rage wa gishiri, ƙodarsu ba ta da ƙarfi, su ne aka ba litiyam ba awo. Wasu suka mutu, a farkon 1949 hukuma ta janye shi daga kasuwa. Kafin wannan ana ganinsa abin ƙara lafiya ne, har lemon kwalba na 7 Up da litiyam a cikinsa aka fara sayar da shi a 1929. Dare ɗaya sunansa ya koma guba. Cade kansa, bayan mutuwar W.B., jikinsa ya yi sanyi, ya janye hannu ya koma gwada wasu sinadarai.

Wanda ya hana maganar mutuwa wani ɗan gudun hijira ne, Edward Trautner, likita da ya tsere wa mulkin Hitila, Ingila ta tsare shi ta turo shi Ostireliya a jirgin ruwa a 1940. A Jami'ar Melbon akwai wata na'ura da ke fesa ruwa cikin harshen wuta ta auna launin da wutar ta ba da. Litiyam in ya shiga wuta ja wur yake yi, kuma gwargwadon yawansa gwargwadon ƙarfin jan. Trautner da wani likita Charles Noack suka riƙa auna jinin marasa lafiya da ita, a 1951 suka fitar da rahoto kan mutum fiye da 100. Daga nan aka fara sanin inda iyaka take. Ni a ganina ranar nan ce litiyam ya zama magani. Kafin awon jini caca ce, ko da hannun mai ba da shi na kirki ne.

Labarin sai ya tsallaka Danmak. A asibitin Risskov kusa da garin Aarhus, wani matashin likita Mogens Schou ya karanta rahotannin Ostireliya, ya ce sai an gwada yadda zuciya ba za ta yaudari ido ba. Ya sa aka yi ƙwayoyi iri biyu masu kama ɗaya, wasu da litiyam wasu ba komai a ciki, yana jefa kwabo sama don ya yanke wanda za a ba wanne, mara lafiya bai sani ba, mai duba shi bai sani ba. A 1954 ya buga sakamakon mutum 38: maganin yana kwantar da ciwo da gaske.

Abin da ya fi wannan girma daga baya ya bayyana. Wani likitan Danmak, Poul Christian Baastrup, da wani a Ingila, G. P. Hartigan, kowa a gefensa, suka lura cewa waɗanda suka ci gaba da shan litiyam bayan sun warke, ciwon ba ya dawo musu, tashin da baƙin cikin duka. Schou yana da ƙane da baƙin ciki ke kwantar da shi shekara bayan shekara. Ya ba shi litiyam, abin ya tsaya. A 1967 Baastrup da Schou suka buga rahoto kan mata 88 da aka bi sawunsu shekaru, suka ce wannan riga-kafi ne.

Sai Landan ta taso musu. A 1968 Barry Blackwell da Michael Shepherd na asibitin Maudsley suka rubuta a mujallar Lancet cewa wannan na iya zama tatsuniya. Hujjarsu tana da nauyi. Ciwo ne da ke tashi ya kwanta da kansa. Mutum yakan zo asibiti ne lokacin da abin ya fi tsanani, don haka ko me aka ba shi, watannin da ke biye za su fi na baya sauƙi. Aka kuma soki Schou cewa mutumin da ya ga ƙanensa ya warke ba zai iya zama alƙali ba.

Wannan hujja ta Landan ta shafe mu fiye da yadda ta shafi Danmak. Ciwon da ke lafawa da kansa kowa yana iya cin riba a kansa. In na wane ya motsa aka kai shi wurin mai ruƙiya, ko aka yi masa hayaƙi, ko aka girka shi, ko aka sa masa mari aka ajiye a gidan wani malam, bayan wata uku ya dawo hayyacinsa, hannun da ya taɓa shi na ƙarshe shi ke karɓar godiya da tukuici. In ya sake tashi baɗi sai a ce an sabunta sammun, ko ya karya sharaɗi. Ba ina cewa duk mai yi maƙaryaci ba ne. Da yawansu da zuciya ɗaya suke yi, sun ga sauƙi da idonsu, kuma addu'a ba kishiyar ƙwaya ba ce. Amma tambayar da aka yi wa Schou ita ce ta dace da kowa, mai farar riga da mai allo: da ba ka yi komai ba, me zai faru? Kuma a cikin shekara biyar sau nawa ya tashi?

Schou ya daɗe yana jan ƙafa, domin amsa tambayar na nufin a cire wa mutanen da ke zaune lafiya maganinsu a ɓoye, alhali ya san wasu na iya kashe kansu. Daga bisani suka tsara gwajin yadda duk wadda ciwonta ya motsa za a mayar da ita kan magani nan take, kuma a tsayar da komai da zarar bambanci ya fito fili. Mata 84 da suka daɗe kan litiyam aka raba biyu. Cikin wata biyar ciwo ya dawo wa 21 daga cikin waɗanda aka sauya wa ƙwaya marar magani. Cikin waɗanda aka bari kan litiyam ko ɗaya. Lancet ta buga wannan a 1970, a shekarar ne kuma Amurka ta amince da maganin, bayan ƙasashe kusan 50 sun riga ta.

Shekara 21 tsakanin rahoton Cade da amincewar Amurka, kuma tsoron guba ba shi kaɗai ya jawo jinkirin ba. Litiyam daga dutse da ruwan gishiri ake samunsa, ba wanda ya ƙirƙire shi, ba kamfanin da zai mallake shi ya ci riba, saboda haka ba mai tallarsa. Largactil kuwa, wani maganin taɓin hankali da likitocin Faris suka fara amfani da shi a 1952, da kamfani a bayansa, cikin 'yan shekaru ya zagaye duniya. Cade ya rayu har ya ga an karrama shi, ya rasu a 1980. Schou ya rasu a 2005. Har yanzu masana ba su gama gano yadda wannan gishiri ke aiki a ƙwaƙwalwa ba. Abin da aka tabbatar shi ne wajen mutum ɗaya cikin uku da ke shansa ciwon kan tsaya masa cik, wasu ya ragu, wasu bai karɓe su ba, kuma yana rage kashe kai. Yau sunansa ya fi tashe a wani fagen daban, domin shi ne ke cikin batirin waya da na hasken rana, kuma a 2024 an buɗe masana'antar sarrafa dutsensa a jihar Nasarawa ta Najeriya.

Ƙwayar litiyam ba ta da tsada, tana kuma cikin jerin magungunan da Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce bai kamata wata ƙasa ta rasa ba. Amma a ɗora ta a kan rayuwar mutumin Dakusa a gani. A bazara, watannin Afrilu da Mayu, zafi yana haura digiri 40, mutum na sharar gona gumi na zuba. Ga zawo da amai da zazzaɓin damina. Kowannensu yana busar da jiki, ya sa ƙoda ta riƙe litiyam. Diclofenac da ibuprofen da ake saya hannun masu tallan magani a kasuwa don ciwon baya suna ɗaga shi a jini, haka wasu magungunan hawan jini, musamman masu sa fitsari. Azumi ya haɗa ƙishirwa da canjin lokacin barci, rashin barci kuwa yana cikin manyan abubuwan da ke tayar da ciwon. Wani bincike a Maroko ya ga ciwon yana yawan dawowa a watan Ramadan, wani a Pakistan bai ga illa ba, shi ya sa magana ce ta mutum da likitansa tun Sha'aban, kuma Shari'a ta riga ta yi wa mara lafiya rangwame.

Akwai kuma kanwa. Irin litiyam da aka fi ba marasa lafiya ɗan'uwan kanwa ne na jini a wajen masana sinadarai, ginin ɗaya ne, sodiyam ne kawai a gurbin litiyam. Kanwa da ire-irenta suna sa ƙoda ta zubar da litiyam da sauri. Wanda yau ya sha kunun kanwa ya ƙoshi, gobe bai sha ba, ma'auninsa hawa da sauka zai riƙa yi. A ƙasar da kanwar Manga ke shigowa kasuwa buhu-buhu, tana cikin wake, tana cikin miya, tana cikin kunun mai jego, tambaya ce da ya kamata likita ya yi, ko da littafin da ya karanta a Faransa bai kawo ta ba.

Saboda irin waɗannan dalilai ne jagorar da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2010 don ma'aikatan ƙananan asibitoci ta ce kada a fara litiyam sai inda ake iya awon jini. Asibitin ƙauye ba shi da na'urar, likitocin ƙwaƙwalwa kuma a Nijar ba su da yawa, galibinsu suna Yamai. Abin da ya rage shi ne magungunan kwantar da tashin ciwo irin su Haldol, da magungunan farfaɗiya guda biyu da aka gano suna daidaita baifola, waɗanda aka fi sani da Dépakine da Tégrétol. Dépakine shi ma tsintuwa ce: a farkon shekarun 1960, a garin Grenoble na Faransa, ana amfani da sinadarinsa don narkar da wasu magunguna da ake gwadawa, sai aka lura duk abin da aka narkar a cikinsa yana hana farfaɗiya. Tégrétol kuwa likitocin Japan ne suka fara gwada shi kan baifola a farkon shekarun 1970.

Sai dai nan ma da ƙura, kuma a kan mata ta fi sauka. In mace ta sha Dépakine da ciki, wajen jariri ɗaya cikin goma kan zo da nakasa a jiki, uku zuwa huɗu cikin goma kuma su sami matsalar magana ko fahimta. A Faransa maganar har kotu ta kai, kuma yanzu shawarar Hukumar Lafiya ita ce a guje wa ba da shi ga macen da ke cikin shekarun haihuwa. A ƙasar da mace kan haifi shida ko fiye, wannan na nufin kusan duk ƙuruciyarta. Tégrétol shi ma yana iya taɓa ɗan tayi, yana kuma rage ƙarfin ƙwayar tsarin iyali da abin da ake dasawa a dantse. Litiyam kansa ba a sake da shi lokacin ciki da shayarwa, ko da yake haɗarinsa bai kai na Dépakine ba. Ga shi kuma makonnin farko bayan haihuwa su ne lokacin da ciwon ya fi tasowa mace, lokacin da ake cewa iska ta buge ta a jego. Wani tarko kuma shi ne a ga mutum cikin baƙin ciki a ba shi maganin damuwa shi kaɗai ba a tambayi dangi ko ya taɓa tashi ba, domin maganin na iya tunkuɗa shi ɗaya gefen.

Inda magani bai kai ba sarƙa ce ke cike gurbin. A watan Satumba na 2019 'yan sanda sun fitar da mutum fiye da 300 daga wani gida a Rigasa cikin Kaduna, da yawa da mari a ƙafa, a watan Oktoba aka sake samun irinsa a Daura. Ba duka ne masu taɓin hankali ba, wasu shaye-shaye ya kai su, wasu rashin ji. Amma dangin da suka kai nasu irin wuraren nan ba ƙiyayya ce ta sa su ba, dabara ce ta ƙare musu, bayan an sayar da akuya, an sayar da gona, an kwana da tsoron kada ya faɗa rijiya ko ya ji wa wani.

Wanda aka ɗora a kan litiyam ana auna jininsa kusan kowane mako da farko har ma'auni ya zauna, daga nan duk wata uku zuwa shida, tare da duba ƙoda da ƙullutun wuya, domin daɗewa kan maganin na iya taɓa su. Awon kuma da lokacinsa, sai awa 12 bayan ƙwayar ƙarshe. Ga mutumin Dakusa, wannan na nufin ya sha ta dare bayan isha'i, da safe kada ya sha, ya nemi kuɗin mota da na awo, ya isa inda na'urar take kafin hantsi.